Ranar da Aka Kira Ƙarar Gwaggo

Gwaggo mai ɗinki ba ta taɓa kai ƙarar kowa ba sai bayan rasuwar 'yarta. Wata biyu da yin rashin, surukinta ya zo ya ɗauke jikarta, yarinya 'yar shekara shida da ta tashi a gindin keken ɗinkin Gwaggo, tana tsince mata maɓallai tana kiran ta tsohuwa mai ran ƙarfe.

Gwaggo ba ta ja ba, don uba shi ke da 'yarsa. Abin da ya ci mata rai shi ne hana ta ganin yarinyar. Sau uku tana zuwa gidan ana cewa ba sa nan, alhali tana hango 'yan takalman jikar a bakin ƙofa. Shi ne ta roƙi kotu a ba ta ko da yini guda a wata.

Ranar zaman, ta riga mai shara isowa. Takardarta ta ce ɗaki na biyu, sai ta zauna a bencin ƙofarsa, ta juya kunnenta na dama, wanda ke ɗan ji, wajen ƙofar. Ba ta san rufin ɗakin ya yi yoyo an mayar da shari'un zuwa saman bene ba. An manna sanarwa a allo, amma karatun Gwaggo bai wuce lambobin awon ɗinki ba. Daga saman matakala masinja ya ƙwala mata kira, ƙarar janareto ta haɗiye muryarsa.

Rana ta take lokacin da ta ga surukin yana saukowa da lauyansa. Sai ta lallaɓa wajen magatakarda.

"Baba, ai an kori ƙararki," in ji shi. "Sau uku aka kira, mai ƙara ba ta nan."

"Ɗana, ina nan fa. Ko ruwa ban tashi na sha ba, don kada a kira ni ba na kusa."

Magatakardan ya kasa haɗa ido da ita. Ya ce alƙali ya riga ya sa hannu. Tana iya neman a dawo da ƙarar, sai dai babu rana sai bayan wata uku.

Ta cimma surukin yana buɗe mota. Ya gaishe ta kansa a ƙasa, ya ce an yi masa canjin wurin aiki zuwa nesa, jibi za su tashi. Ta roƙe shi ko a waya ya bar ta ta ji muryar yarinyar. Ya ce zai duba.

Bai kira ba. Ita kuwa ta nemi a dawo da ƙarar. Da wata ukun suka cika, Gwaggo ta hau bene da ƙyar, ta zauna a layin gaba, ta amsa tun kiran farko. Alƙali ya tambaye ta inda za a kai wa wanda ake ƙara sammaci. Ta buɗe baki, sai hawaye, don ko sunan garin da suka koma ba ta sani ba.