Mai Muryar Mamaci

Sunan jarumin ba zai fito daga bakina ba, don a wajenmu idan mutum ya rasu sunansa ma kwanciya yake yi. A rufe hotunansa, a daina kunna finafinansa, har sai dangi sun ce ya isa.

Lionel, ɗan ƙanin mahaifinsa, shi ke tsaya masa a fim duk inda za a faɗo daga doki ko a sha duka. Aikin gaban kyamara ne, amma bawan Allah ya kwaso shi ya kawo gida. Ya koyi ɗingishin mutumin da dariyarsa mai shaƙewa, har lafiyayyen haƙori ya sa aka cire masa don giɓinsu ya zo ɗaya. A titin garin Alice Springs baƙi su tare shi da sunan jarumin, ya amsa ko kunya babu.

Ranar da ya iso zaman makoki, mata sun shafe jiki da farar ƙasa suna kuka. Yana fitowa daga mota, kukan ya tsaya cak. Uwar mamacin ta ja bargo ta rufe fuska.

Kawu Cedric, babban dangin, ya sha gabansa.

"Kawu, ni ne fa. Ɗan'uwana na zo yi wa kuka."

"Yi ƙasa da muryar nan. Mun rufe hotuna, kai ka kawo mana hoto mai tafiya da ƙafa? Je ka nemo takunka da muryarka, sannan ka shigo."

Lionel ya koma bayan mota hankali a tashe. Ya miƙe ƙafa ya taka, ƙafar ta ɗingisa abinta. Ya gyara murya ya kira sunan kansa, muryar mamacin ta fito. Tsoro ya kama shi sosai, don binnewa ta matso kuma ba za a jira shi ba.

Ya riƙo hannun matarsa Maureen.

"Don Allah tuna mini, da can yaya nake magana?"

"Ina zan sani? A haka na gan ka, a haka na aure ka." Ta sunkuyar da kai. "Wanda kuka yi yarinta tare, shi zai sani, shi ne kuwa za a binne."

Can aka ci gaba da kuka. Maureen ta zare hannunta ta tafi cikin mata. Lionel ya shiga mota, ya ɗage gilasai duka, ya cusa riga a baki, don kada tsohuwar ta ji ɗanta yana kuka.