Taron Mutum Ɗaya

Ni ce na sa aka soke laccar, kuma a lokacin ji nake na yi abin a yaba. Gara in faɗa da bakina tun farko, kafin wani ya faɗa ya ƙara gishiri.

Sunana Nanyonjo. Muna shekara ta biyu a jami'a, a Kampala babban birnin Uganda, aka tura mu mu shida wani horo na kwana uku a kan kula da zukatan ɗalibai. Muka sha shayi da samosa, aka ba mu riguna masu rubutu a ƙirji, muka dawo da kwamiti, ni ce shugaba. Cikin wata ɗaya na sa ana manna gargaɗi a ƙofar aji duk ranar da za a taɓo zancen yaƙi ko fyaɗe ko mutuwa, don mai raunin zuciya ya kama gabansa tun da wuri. Har malamin koyar da kiwo sai da na tsare shi a kan hoton yankan alade.

Kar in zalunci kaina, ba duka ne shirme ba. Akwai waɗanda suka zo suka yi kuka a kafaɗata suka tafi da sauƙi. Abin da ya ɓata ni shi ne na fara ɗaukar kowa kamar ƙwai a cokali.

Abokiyar ɗakina Lamwaka ce, 'yar Kitgum da ke arewacin ƙasar, doguwa mai ƙarancin magana. Wata rana muna tsintar wake ta ce min a daji aka haife ta. 'Yan tawaye ne suka sace mahaifiyarta a hanyar makaranta tana 'yar shekara goma sha uku, aka ba da ita ga wani babbansu, bayan shekara bakwai ta gudo da jaririya a baya. Ta faɗa kamar mai faɗin kuɗin sabulu.

"Iyakar abin da na sani ke nan," ta ce. "Miƙo min tiren nan."

Daga ranar na naɗe ta a zani. In rediyo ya taɓo zancen arewa in kashe. In 'yan mata sun fara tsokanar 'yan arewa a layin abinci in watsa musu hararar da sai sun ƙware. Ita kuwa sai ta yi murmushi ta ce, "Nanyonjo, kin fi mai ƙora shafawa." Ni a zatona godiya ce take yi a fakaice.

Sai ga sanarwa a allo. Dokta Tumwebaze, malamin tarihi, ya gayyato wata mata mai suna Rose Lalam, wadda ta yi shekaru a hannun 'yan tawaye, za ta yi magana ranar Juma'a a babban zaure, da tafinta. Ɗaliban tarihi duka sai sun halarta, Lamwaka kuwa tarihi take karantawa. Ban tambaye ta komai ba, don an koya mana cewa tambayar kanta tana iya fama ciwo. Na ɗauki takarda na bi ɗaki ɗaki, kafin Laraba na tara sa hannun mutum ɗari biyu da wani abu. Rabinsu ba su karanta ba, murna suke za su sami Juma'a babu aji.

Dokta ya kira ni ofis. Tsoho ne mai gilashi ɗaure da zare, bai ko ɗaga murya ba.

"Kawo min mutum ɗaya da ya ce miki ba zai iya ji ba."

"Ba sai sun faɗa ba, Dokta. Wanda ya fi jin ciwo shi ne ba ya magana."

"Maganar tana da daɗi. Amma da ita za ki iya toshe bakin duk mutanen ƙasar nan, ba tare da kin tambayi ko ɗaya ba. In dole ɗin ce ta dame ki, na cire, mai so ya zo."

"Ai wanda bai zo ba za a gane shi, a nuna shi da yatsa."

Ya cire gilashin ya goge. Ya buɗe baki kamar zai ƙara wani abu, sai ya rufe. Daga baya na san alkawari ne ya ɗaure masa harshe. Ni dai a ranar na fito ina jin na kayar da tsoho a mahawara. Shugaban tsangaya kuwa mutum ne mai tsoron hayaniyar ɗalibai, da ganin yawan sa hannu ya ɗage laccar har sai an sake nazari. A jami'armu abin da aka ce za a sake nazarinsa an binne shi ke nan.

Ranar Alhamis da yamma na sayo mana gurasar capati da ƙwai a bakin titi, na shiga ɗaki da fara'a na ba Lamwaka albishir. Ta kai lomar farko baki, sai ta dawo da ita ta ajiye a takarda.

"Ta riga ta shiga mota," ta ce.

"Wa?"

"Mamata."

A wurinmu da wurinsu duka, ba dole ɗa ya ɗauki sunan iyaye ba, kowa da sunan da aka raɗa masa. Ni kaina sunana daban, na mahaifiyata daban. Amma ko sau ɗaya ban kawo wa raina cewa Rose Lalam ce mahaifiyarta ba. Kuma ban taɓa jin an kira matar da Rose ba, kullum a waya Min Lamwaka ake ce mata, wato uwar Lamwaka.

Lamwaka ba ta yi min faɗa ba, da ta yi da na fi samun sauƙi. Ta zauna a bakin gado ta yi bayani a hankali.

"A wurinmu uwa ba ta kallon idon 'yarta ta faɗa mata irin wannan. Kunya ba za ta bari ba. Na tambaya ina ƙarama, na tambaya da na girma, sai ta tashi ta ce akuya ta shiga gona. Amma a gaban taro tana iya magana, don da taron take, ba da ni ba. In ina zaune a ciki, wannan ruwana ne. Ni na roƙi Dokta ya gayyace ta. Wata uku tana gwadawa ita kaɗai a gaban keken ɗinki. A layin baya zan zauna, ta san ina nan, in san ta sani."

"Me kike son ji, Lamwaka? Abin ba zai yi daɗi ba."

"Na san ba zai yi ba, ni ba yarinya ba ce. So nake in san in ta kalle ni, ni take gani ko mutumin nan. Shekara ashirin da ɗaya ban sani ba ko ta taɓa nadamar goyo ni."

Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Washegari tun da safe na fara zirga-zirgar ofisoshi. Shugaban tsangaya ya tafi jana'iza ƙauye, zauren an ba mawaƙan coci, Dokta ya ce ba shi da ikon buɗe abin da na sa aka rufe. Ɗalibai kuwa kowa ya watse cin Juma'arsa. Da azahar na dawo ɗaki ƙafafuna duk ƙura, na tarar mahaifiyar Lamwaka ta iso.

Ƙaramar mace ce, ba ta kai kafaɗar 'yarta ba. Ta sa sabuwar riga mai tudun kafaɗa da ta ɗinka wa kanta don ranar, ga bokitin markaɗaɗɗen riɗi da gyaɗa ta kawo mana. Na durƙusa har ƙasa na gaishe ta kamar yadda aka koya min a gida, kuma ban tashi ba sai da na faɗi abin da na yi. Turancinta kaɗan ne, Lamwaka ce ke fassara, idonta a kan tabarma.

Matar ta saurara har ƙarshe, sai ta yi wata 'yar dariya ta ce wani abu.

"Ta ce ta gode da kika kula mata da 'ya," in ji Lamwaka. "Ta ce ita ma wannan aikin naki take yi tun da ta haife ni, kuma ita ma ba wanda ya sa ta."

Na ce zan gyara, zan sake tara sa hannu, wata mai zuwa a yi. Uwar ta girgiza kai. Gobe da sassafe za ta koma, ta bar ɗinkin mutane da ƙanan yara. Kuma ba ta san ko za ta sake samun ƙarfin da ta tara ba, don tun a mota ya fara zubewa. Na kalli Lamwaka na ga ta haƙura, irin haƙurin wanda ya saba, wannan ne ya fi ci min rai.

Can sai uwar ta ƙura min ido, ta nuna ni da haɓa ta yi tambaya.

"Ta ce ke 'yar ina ce."

"Masaka, can kudu."

"Ta ce to baƙuwa ce ke. Ta ce baƙo ɗaya ma taro ne."

"Ai ba na jin yarenku, ko gaisuwa ban iya ba."

"Ta sani. Ta ce fuskarki take so."

Haka aka yi. Uwar ta hau kujerar karatu ta gyara riga, na zauna a tabarma ina fuskantarta, Lamwaka ta zagaya bayana ta zauna tana kallon bango, bayanta jingine da nawa. Matar ta gaishe ni da girmamawa kamar ina cike da zaure, sannan ta fara.

Ban fahimci komai ba sai sunan Sudan da ya riƙa fitowa. Amma na ga hannuwanta. Ta nuna tsawon yarinya da tafin hannu, ta nuna kaya a ka, ta janye wuyan riga ta nuna min wani tabo a kafaɗa. Sau ɗaya ta yi dariya, ban san dalili ba, na ji bayan Lamwaka ma ya motsa. Da ta ambaci sunan wani namiji kuwa bayan ya sandare, daga nan ya fara rawa a hankali, rawar tana shiga jikina.

Tsoro ya kama ni. Duk abin da na sani yana ce min in tsayar da maganar, in kawo ruwa, in buɗe taga. Hawaye na zuba min a kan labarin da ban ji ko kalma ɗaya ba. Matar ta gani, ta dakata, ta haɗa ɗan Turancinta.

"'Yata, kin gaji? In tsaya?"

Saura kaɗan in ce e. Sai na ji hannun Lamwaka ya lallaɓo ta baya ya kama wuyan hannuna, farcenta har cikin fata.

"Ci gaba, Mama," na ce.

Ta ci gaba har inuwa ta cika ɗakin. Wajen ƙarshe ta rungume iska a ƙirjinta kamar jaririya, ta nuna hanya ɗaya, ta girgiza kai, ta nuna wata. Da ta gama ta yi min godiya, sannan ta karkata kai ta kalli bayan kafaɗata ta kira sunan 'yarta. Na tashi na ɗauki jarka na fita ɗibar ruwan da ba mu buƙata, na daɗe a famfo.

Ban tambayi Lamwaka komai ba. Da safe muka raka uwar tasha, muka tsaya har motar ta fice daga cunkoso. Muna dawowa a ƙafa, a tsakiyar masu babur da masu tallar ayaba, Lamwaka ta yi magana ba tare da ta kalle ni ba.

"Su Mamata su biyar suka gudu tare. Ina ta kuka, sauran suka ce kukana zai sa a kama su duka. Suka ce ta ajiye ni a gindin bishiya, ai ɗiyar mutumin ce, ba wanda zai zarge ta."

Na tsaya cak, wani mai babur ya zage ni ya wuce.

"Ta ce su tafi. Ta bi wata hanyar ita kaɗai, kwana tara, da ni a baya."