Zakaran Mama Saloma

Da Leah ta ce a jona kyamarar marigayi yayanta Dawuda da talabijin, jama'a su ga aikinsa na ƙarshe, sai Saloma ta saci kallon ƙofa. Ita dai abin da ta faɗa wa Leah a asibiti shi ne fitowa ta yi ta tarar da shi kwance. Ta so ta sulale, amma masu zaman makoki sun cika tsakar gida, har da dangin da suka zo daga Dabai.

Dawuda ɗan fim ne, kuma shi kaɗai ne kamfanin. Shi ke rubuta labari, shi ke kafa kyamara a kan ƙafafunta, ya danna, ya ruga gabanta ya zama sarki ko ɓarawo, sannan ya shige ɗaki ya tace abinsa. Gidan haya ɗaya suke da Saloma, kuma ta sha faɗa a wurinsa. Bara ya faɗi yana shure-shure, ta yar da tsintsiya ta rugo tana kururuwa, ashe wai guba ya sha a fim. Ranar ya haɗa ta da girman Allah, in dai kyamara na tsaye, ko me ta gani kada ta motsa, kuma ta riƙa kama masa zakaran nan nata mai shegen cara.

Ga shi nan kuwa a talabijin, da hantsi, yana zuba magana. Sai ya tsaya, ya dafe ƙirji, ya durƙusa, ya kife kusa da randa. Can a gefen hoton, ga Saloma tsaye a bakin madafa, zakara a hammata, ta matse masa baki. Har da murmushinta, don a ranta cewa take yau kam Dawuda ya iya mutuwa.

Ya ɗago kai da ƙyar ya dube ta. "Mama Saloma," in ji shi, ƙasa-ƙasa. Ita kuwa baiwar Allah ta gyaɗa masa kai, wato ya ci gaba, aiki na kyau.

Leah ta juyo a hankali.

"Mama, ai kiranki yake yi."

"Na ji shi, 'yata. Na ɗauka cikin fim ne."

Kunya ta rufe Saloma, ta ji da ma ƙasa ta tsage ta shige. Da Leah ta zage ta ma da ta fi samun sauƙi, amma yarinyar ta mayar da idonta kan talabijin kawai, kuma ba wanda ya iya tashi ya kashe.

A cikin hoton Dawuda ya daina motsi. Saloma tana nan tsaye da zakara a hammata, tana jira ya miƙe ya kakkaɓe rigarsa ya ce mata an gama.