Har Sai An Kashe Wutar Ikko

Ba Khamis mai kanwa ya rasu ranar Talata da hantsi, kwana uku da buɗe wasannin ƙasashen Afirka a Ikko, farkon shekarar 1973. Ba don ɗansa Harun yana cikin masu gudu a can ba, da babu abin da zai haɗa gidan nan na Sabon Layi da wasa. Mutanen Barno ne, masu ce wa uba Ba, uwa kuma Ya, kakansu ya shigo Mubi da jakunan kanwa, kuma a wurinsu babban mutum ba ya gudu sai in da abin da ya koro shi.

Harun ne ya ɓata musu wannan lissafi. Tun yana ƙarami in an aike shi ƙauyen Betso mai nisa da safe, kafin la'asar ya dawo yana neman tuwo. Da ya shiga soja lokacin yaƙin basasa, sojoji suka gane ƙafarsa, yaƙi na ƙarewa suka sa masa gajeren wando suka ce ya riƙa yi wa ƙasa gudu. Uban bai taɓa cewa abin ya burge shi ba, bai kuma taɓa hanawa ba.

Shi Ba Khamis hali ɗaya duk garin ya san shi da shi: ba ya tashi daga taro sai an shafa fatiha. Suna ne, ɗaurin aure ne, sulhun 'yan kasuwa ne, ko ruwan sama ya tarwatsa jama'a za ka same shi zaune a jiƙe yana jiran liman. Shekarar da aka yi ƙuri'ar zaɓen ko a bi Nijeriya ko a bi Kamaru, kowa ya jefa tasa ya kama gabansa, shi kuwa ya zauna gindin bishiya har aka rufe akwati, sannan ya ɗaga hannu shi kaɗai ya shafa. Yara suna yi masa dariya, manya ma suna yi, sai dai a bayan idonsa.

Da safen ranar da zai cika, ya sa aka kira ƙaninsa Garbai. Yakaka, matar Ba Khamis, tana zaune a gefen gado.

"Garbai," in ji shi, "kada a buga wa yaron nan waya sai an tashi daga taron."

"Yaya, in ya gama nasa gudun fa?"

"Ko ya gama. Ƙasa ce ta aike shi. Sai an tashi."

Garbai ya ce to. Me zai ce? Mutum yana riƙe da hannunka, numfashinsa na fita da ƙyar, ba lokacin gardama ba ne. Kafin azahar an kai Ba Khamis makwancinsa, Garbai ya dawo da ƙasar kabari a gwiwar wandonsa da alkawari a wuyansa.

Garbai mutum ne mai sanyi. Shekara talatin yana auna kanwa a rumfar wansa, bai taɓa yanke shawarar da ta fi ta farashin tiya ba. Wasa kuwa, ko dambe bai taɓa tsayawa kallo ba. Don haka washegari da ya sami sarari daga masu gaisuwa, ya sulale zuwa bakin titi wurin Vandi mai gyaran keke, mutumin Michika, Kirista, mai rediyo da jin Turanci. Ya sa Vandi ya rubuta masa kalmomin wayar tangarahu a 'yar takarda: Baba ya rasu, ka zo gida. Ya ninke ta ya sa a aljihun gaba, sannan ya tambaya yaushe za a tashi daga taron.

"Kwana goma sha biyu ne duka, Ba Garbai," in ji Vandi. "Sun kunna wani babban wuta a saman filin. Muddin wuta ɗin yana ci, wasa bai ƙare ba. Ran Alhamis na sama za a kashe shi."

Garbai ya ƙirga da yatsu. Daga Ikko zuwa Mubi kwana huɗu ne, jirgin ƙasa sannan babbar mota. Sadakar bakwai ranar Talata ce. In aka jira wutar nan, Harun ba zai riski komai ba.

Ranar Alhamis ta farko, bayan an watse daga sadakar uku, aka yi gudun Harun. Garbai ya zauna a kan benci tsakanin tayoyin keke, Vandi yana fassara masa. An ambaci sunan Harun sau ɗaya da aka jera su, Garbai ya ji shi da kunnensa cikin Turancin. Daga nan sai sunayen mutanen Kenya da Habasha, zagaye bayan zagaye. Da aka gama, Vandi ya rage murya ya ce yaron ya kai ƙarshe dai, bai tsaya a hanya ba, amma yana cikin na baya.

Labari ya riga Garbai isa gida. Yana shiga zaure aka ce Yakaka na kiransa.

Tsakaninsa da ita wasa ne tun ranar da aka kawo ta gidan, irin na ƙanin miji da matar wa. Shi yana ce mata miyarta ba gishiri, ita tana ce masa ragon maza. Yau ya same ta zaune a tabarmar takaba, kanta a lulluɓe, babu wasa a muryarta. Ba ta kiran sunan ɗanta na fari, Soja take ce masa.

"An ce Soja ya gama."

"Ya gama nasa."

"To gobe da safe ka buga. In ya taso Asabar, zai riski bakwai."

"Yakaka, kina wurin. Kin ji abin da Yaya ya ce."

"Na ji. Shekara talatin da biyar ina jin abin da yake cewa." Ta gyara mayafinta. "Shi ya huta, Garbai. Mai rai ke da ciwo. Yaron nan bai ga fuskar ubansa ba, bai ɗauki makara ba, bai zuba ƙasa ba. Bakwai ɗin ma za ka hana shi? Zaman me yake yi a can? Kallon waɗanda suka tsere masa?"

Garbai ya san gaskiyarta ce. Juma'a da safe ya saka takalmi ya tafi gidan waya, ya hau matakala biyu, ya sa hannu a aljihu ya taɓa takardar. Sai ya ji kamar hannun nan mai sanyi yana riƙe da nasa. Da wansa na raye, da ya koma ya roƙe shi, wataƙila ya sassauta. Amma wa zai roƙa yanzu? Ya sauko ya juya gida, yana jin haushin kansa, yana jin haushin mamacin, yana neman gafarar Allah a kan na biyun.

Tun daga ranar Yakaka ba ta sake yi masa magana ba. In ya yi sallama a ƙofarta, sai ta amsa sallamar don ta fita haƙƙin Allah, ta yi shiru.

Babbar Sallah ta faɗo a tsakiyar wannan zaman. Ragon da Ba Khamis ya yi wata biyar yana ba dusa da kanwa, Garbai ne ya sa masa wuƙa. Yakaka ta sa aka soya cinya guda, aka zuba a tukunya, aka rufe da mai, ta ajiye a ƙarƙashin gadonta. Ba wanda ya tambaye ta na wane ne. Washegari aka yi bakwai. Mutane suka cika ƙofar gida, 'yan kanwa da masu banda da dangi daga Maiduguri, kowa ya gaisa sai ya waiga ya ce ina Harun. Garbai ya ce yana hanya, ya ce aikin gwamnati ne, har bakinsa ya gaji. Ya ji wani dattijo yana faɗa wa na kusa da shi cewa 'ya'yan zamani ke nan, uba ya mutu ɗa yana can yana tsere da gajeren wando. Wannan ta fi komai yi wa Garbai ciwo, don yaron ba shi da laifi, bai ma sani ba.

Cikin kwanakin nan ne Nijeriya ta ci wasan ƙarshe na ƙwallon ƙafa. Gari ya ɗauki sowa, masu keke suna ta kaɗa ƙararrawa a titi. Garbai ya zaci an tashi ke nan, ya fito da saurinsa takalmi a hannu.

"Ba yanzu ba, Ba Garbai," in ji Vandi. "Ƙwallo ne ya ƙare. Wuta yana nan."

Garbai ya zauna a bencin ya saka takalminsa a hankali. Bai taɓa tsanar abin da bai gani ba kamar yadda ya tsani wutar nan.

Ranar Alhamis bayan la'asar ya koma. Vandi ya ajiye aiki, ya goge hannunsa, ya ɗora rediyon a kan akwatin kayan gyara. Da farko kiɗan badujala ne. Vandi ya ce 'yan wasa ne ke shigowa fili, dukansu, wanda ya ci da wanda bai ci ba, ana tafa wa kowa. Garbai ya kasa kunne cikin hayaniyar, ya san wauta ce, amma ya kasa hana kansa neman takun Harun a ciki. Aka yi jawabai. Aka ce an sauke tuta. Rana ta yi ja a kan duwatsu.

"Wa zai shafa musu fatiha?" Garbai ya tambaya.

Vandi bai yi dariya ba. "Babu fatiha. Akwai Musulmi, akwai Kirista, akwai wanda ba ya ko ɗaya. Wuta ɗin ne kawai. Ji, ga shi nan."

Aka busa begila, busa mai tsawo irin ta jana'izar soja. Mai magana a rediyon ya sassauta murya, Vandi yana bin sa: wutar tana raguwa, tana raguwa, saura kaɗan. Sai rediyon ya yi tsit, har Garbai ya zaci batir ne ya mutu. Dubban mutane ne suka yi shiru a lokaci guda. Vandi ya cire hularsa ya ce, "Ya mutu."

Garbai bai yi kuka ba ranar da ya sa wansa a kabari, don masu gaisuwa ba su ba shi fili ba. A nan ya yi shi, a bencin mai gyaran keke, fuskarsa cikin hannun riga. Vandi ya kashe rediyon ya zauna tare da shi har aka kira magariba.

Da safe shi ne na farko a gidan waya. Ya miƙa wa Jatau akawu takardar, ta yi laushi ta yi baƙi saboda zaman aljihu. Jatau ya karanta, ya yi masa gaisuwa, ya ce za ta isa yau. Garbai ya juya zai fita sai Jatau ya kira shi.

"Akwai wasiƙa da sunan marigayi. Jiya ta iso."

Bayan ambulan da boko aka rubuta, cikin kuwa da ajami, don shi uban yake karantawa. Garbai ya karanta ta a tsaye a bakin matakala. Sannan ya tafi gida, ya yi sallama a ƙofar Yakaka, bai jira ta ce shigo ba ya durƙusa a bakin ƙofa ya ce, "Daga Soja." Ya karanta mata.

"Baba, bayan gaisuwa. Jiya na yi gudu, ban ci ba. Mutanen sun fi ni, ba wata magana. Hafsanmu ya ce duk wanda ya gama nasa, in yana so ya tafi gida Sallah, har an ba mu takardar jirgi. Na so in taho, don kunya ta hana ni sakewa a nan, kuma ina son ganinku. Har na ɗaure kaya. Sai na tuna kai ba ka tashi daga taro sai an shafa, na san in na shigo gida abin da za ka fara tambayata ke nan. Na kwance kayan. Zan zauna har a kashe wutar. Ka ce wa Ya ta ajiye mini naman Sallah."

Garbai yana kallon ƙasa. Da ya buga wayar ran Juma'a, da ta sami yaron da takardar jirgi a hannu, da ya riski bakwai. Ya san Yakaka ma abin da take lissafawa ke nan, ya jira ta faɗa.

"Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe," ta ce. "Taurin kan gidanku ne, ku duka ukun." Ta share ido da bakin mayafi. "Ka buga?"

"Na buga."

"Da suka kashe wutar, an shafa musu?"

"Ba a shafa ba. Vandi ya ce ba sa yi."

Ta ciro hannuwanta daga cikin mayafin ta buɗe su.

"To shafa mana, Garbai, yaron nan ya samu ya taso."