Akwatin Zaɓe a Ɗakin Direba

"In shigo da shi haka?" in ji Lauya, tana rungume da akwatin zaɓe a ƙofar ɗakin.

"Shigo abinki, 'yata," matar Direba ta ce. "Tun safe yake tambayar ko kun iso."

Kafinta ya biyo bayanta yana sunkuyar da kai. Rabonsa da ɗakin nan shekara biyu, alhali katanga ɗaya ce tsakaninsu. Tsakar gida cike da 'yan dubiya, har ba wajen sa ƙafa. Shi da ya kwanta sati uku da ciwon baya mutum huɗu suka leƙo shi, biyu ma kujerun da suka ba shi gyara suka zo tambaya. Abin ya tsaya masa a rai.

Shekara goma sha takwas ke nan da shi da maƙwabcinsa Direba suka kafa gidauniyar kai marasa lafiya asibiti. Kafinta ne ya rubuta dokokinta, shi ya buga bencina, shi ya rufa kwanon ofis. Direba fa? Tsohuwar mota da daɗin baki, shi ke nan. Amma duk shekara uku in aka ce a ɗaga hannu, sai hannuwa su tashi wa Direba, Kafinta ya koma mataimaki. Mataimaki, Mataimaki, har jikokinsa sun ɗauka sunansa ne. Shi a ganinsa kunyar ido ce ke cin mutane. Don haka ya rubuta ƙorafi zuwa hukumar da ke sa ido kan gidauniyoyi, ya ce dokarsu ƙuri'ar sirri ta tanada. Hukuma ta ba shi gaskiya, ta sa ranar Asabar, ta turo Lauya. Wanda ke kwance kuwa, a bi shi gida da akwati tun ranar Juma'a.

Direba ya rame har ƙasusuwan wuyansa sun fito, amma idon nan na tsiya yana nan.

"Maƙwabci, kai ne? Ashe sai da lauya ake ganinka!"

Ɗaki ya ɗauki dariya. Ka ji fa! Mutum yana numfashi da ƙyar amma sai ya saye jama'a. Kafinta ya yi yaƙe, ya ce, "Ya jikin?"

Lauya ta fitar da kowa, ta bar Kafinta a matsayin ɗan takara, da shaida ɗaya. "Baba, suna biyu ne a takardar. Ka yi alama a gaban wanda kake so, ka ninke. Ku kuma ku juya baya."

Kafinta ya fuskanci bango, yana jin ƙarar biro da hakin mara lafiya. Da takardar ta faɗa, Direba ya shafa gefen akwatin. "Aikinka ne wannan. Na gane haɗin kusurwar."

"Nawa ne."

"Ba mai hannunka a garin nan."

To, yabon katako dai, in ji Kafinta a ransa. Shi kullum ake ba shi.

Washegari da hantsi Direba ya cika. Kafinta na cikin waɗanda suka ɗauki gawa, kuma Allah ya gani ya yi kuka. Amma a maƙabarta ya tsinci kansa yana ƙirga mutane, yana tunanin ko rubu'insu za su zo tasa. Ya yi ta neman gafara, zuciya ta ƙi daina ƙirge.

Da aka dawo dattawa suka roƙi Lauya ta ɗage zaɓe.

"Ba ni da ikon taɓa ranar, hukuma ce ta sa," ta ce. "Takardu kuma an riga an buga. Amma ku ji ni da kyau, duk ƙuri'ar da aka ba marigayi ta lalace a doka, ba za ta yi aiki ba."

Shi ke nan, kujera ta zo gida. Wa zai jefa abinsa a banza? Kafinta ya shiga bayan labule da ƙasar maƙabarta a ƙafarsa, ya daɗe yana kallon sunayen biyu. Tun da kowa shi zai zaɓa, bari shi ma yau ya yi halin girma irin na maƙwabcinsa. Ya yi alama a gaban sunan Direba.

Bayan la'asar Lauya ta fasa hatimin akwati, ta fara ɗagawa ɗaya bayan ɗaya. "Marigayi. Marigayi. Marigayi." Har arba'in da shida. Sun ji ta sarai, suka kuma zaɓi gawa a kansa!

"Kafinta," ta ce, ta ɗaga ta ƙarshe.

"Ai dole," wani ya ce ƙasa-ƙasa. "Mutum ya ƙi kansa?" Aka yi ta danne dariya.

Kafinta ya kalli takardar. Alamar a karkace take, biron ya zame har ya tsallake layi. Hannun mara lafiya ne, ƙuri'ar Direba ce. Wa zai yarda? Wani abu mai ɗaci ya taso masa, haushi da kuka a haɗe. Har a wannan ma sai da mutumin nan ya fi shi.

"Bisa doka, da ƙuri'a ɗaya mai inganci, kai ne shugaba," in ji Lauya. "Sa hannu nan, Baba." Ba wanda ya tafa.

Yana dawowa matar Direba ta leƙo daga zaure, ido a kumbure, ta miƙo masa makullin ofis ɗaure da tsohuwar igiyar takalmi. "Ga shi, Baban yara. A aljihun rigarsa na samu."

Ya karɓa hannu biyu. Ya shiga shagonsa, ya share garin katako daga kan tebur da gefen hannu, ya ajiye makullin a tsakiya. Ya jawo benci ya zauna yana kallonsa, ta bayan katanga ana ta shiga ana fita.