Kwana Goma Sha Ɗaya

Shekara shida kotu ta ɗauka kafin ta gaya wa Dogo cewa ya makara da kwana goma sha ɗaya.

Dogo mai awon filaye ne. Da ma'aikatar filaye ta nemi ma'aikaci, shi ya zo na ɗaya a jarrabawa, da idonsa ya ga sunansa manne a allon sanarwa. Amma da takardar kama aiki ta fito, sai ga sunan surukin Darakta, wanda ko igiyar awo aka miƙa masa sai ya tambayi ina kanta yake.

A ranar Dogo ya so ganin lauya. Kawunsa ya hana.

"Kai yaro ne. Ana fara magana da kotu? Darakta tare muka yi makaranta. Ka bar mini wannan."

Ya bar masa. Kawu ya yi ta sintiri, Darakta yana ba shi shayi da "in sha Allahu". Ashe doka wata uku ta bayar a shigar da irin wannan ƙara, kuma Darakta ya iya ƙirga watanni sarai. Ranar da suka cika, shayin ma ya ƙare.

Daga nan Dogo ya zama ɗan gida a kotu. Ya san bencin da ƙusa ke yaga wando, ya san fankar da ba ta taɓa juyawa ba, ya san warin banɗakin da ke ƙarshen baranda. An canza alƙali sau biyu. Fayil ya ɓace wata takwas, aka tsince shi ƙarƙashin tebur an tokare ƙafarsa da shi. Duk ɗage zaman nan babu wanda ya kira shi makara, sai dai "dalilai".

Ranar hukunci alƙali ya shigo ƙarfe sha biyu, zaman ƙarfe tara. Cikin minti huɗu ya karanta cewa mai ƙara ya yi sakaci da haƙƙinsa, kotu kuwa ba ta wasa da lokaci. Ko takardar jarrabawar bai buɗe ba. Ƙyama ta cika Dogo har yawu ya taru masa a baki, ya rasa inda zai tofar.

A baranda surukin Darakta ya tare shi. Ya yi tumbi, yanzu mataimakin shugaban sashe ne.

"Ɗan'uwa, komai ya wuce. Za mu ɗauki sababbi wata mai zuwa, ka nema mana. In dai ba ka haura talatin da biyar ba."

Dogo ya shigar da ƙarar yana da shekara talatin.

Kawu ya dafa kafaɗarsa. "Kada ka damu, a sama ma ina da mutum. Ka bar mini wannan."

Dogo ya cire hannun a hankali, ya kakkaɓe wurin.