Batirin Motar Nama

Sifana ake kiransa a wurin aiki, har matarsa ma wani lokacin haka take kiransa idan tana son tsokana. Shekararsa goma sha ɗaya yana yi wa wani kamfanin agajin hanya aiki. Idan motar mai inshora ta mutu a titi, sai ya buga wa ofis, ofis kuma ya tura Sifana da 'yar motarsa mai ɗauke da jak na ɗaga mota, da galan ɗin mai, da akwatin tada batir mai wayoyi biyu, ja da baƙa. Mutum ne marar hayaniya, mai 'ya'ya mata uku, kuma ya saba a zage shi a kan laifin da ba nasa ba.

Wata ranar Talata, rana na tsaka, aka turo masa kira daga mayanka. Wata mota ce mai firji ta ƙi tashi, an riga an cika ta da nama. Matar da ke amsa waya a ofis ta ce masa, “Sifana, ka bi mai motar a hankali. Sau huɗu yana kira, kuma duk sau huɗun sai da ya zagi uwata.”

Ya tarar da motar a bakin ƙofar lodi, inda ruwan wanke jini ke gangarowa cikin lambatu. Mai motar mahauci ne, ƙato, da riga mai jini a gaba da wuƙa a ƙugu. Mutanen wurin Gatari suke ce masa. Kusa da shi ƙaninsa ne Auta, wanda suke sana'ar tare, magidanci ne siriri, shi ne ke tuƙa motar.

Gatari ya ce, “Sai yanzu? Awa ɗaya da rabi ina tsaye a nan. Shanu uku ne a cikin motar nan, kuma otal na jira na.”

“Ka yi haƙuri, maigida. Hanya ce ta cushe. Bari in duba.”

Da Sifana ya ɗaga murfin inji, wari ya buge shi, irin na ruɓaɓɓen ƙwai. Ya ja da baya kaɗan. Batirin ya kumbura ta gefe biyu kamar burodi, kuma da ya kai bayan hannunsa kusa da shi sai ya ji zafi yana tashi. Bai ma ɗauko mitar gwada batir ba.

Ya ce, “Maigida, wannan batirin ba sauka ya yi ba, mutuwa ya yi. Ka ga yadda ya kumbura? Iskar da ke fita daga cikinsa, in ta haɗu da tartsatsi, fashewa zai yi. Ba zan jona masa waya ba.”

“To sa sabo.”

“Ba na yawo da sabo. Kuma takardar inshorarka ba ta ƙunshi sabon batir ba. Abin da ta ƙunsa shi ne in zo in tada mota in batir ya sauka, ko in kira janwe a ja ta zuwa gareji. Batir da ya tsufa ya mutu da kansa, inshora ba ta ɗaukarsa hatsari. Mai mota ne ke saya.”

Gatari ya matso har Sifana ya ji numfashinsa. “Sake faɗa.”

“Ba ni na rubuta ba, maigida. Amma akwai mai sayar da batir a bayan gidan mai, minti goma ne. A tura a sayo, ni kuma in ɗaura maka kyauta, in tsaya har firjin ya kama.”

Auta ya ce, “Yaya, bari in je kawai.”

“Ba inda za ka!” Gatari ya daka masa tsawa. “Shekara shida ina biyan mutanen nan, ko madubi ban taɓa karɓa a hannunsu ba. Yau ɗaya na neme su, wai takarda.” Ya zaro wayarsa ya kira ofis, ya sa ta a lasifika. Matar ta maimaita abin da Sifana ya faɗa, cikin ladabi, ta ƙara da cewa za ta iya tura janwe yanzu. Gatari bai bari ta ƙarasa ba. Ya maka wayar a jikin motar, gilashinta ya tarwatse.

Mahauta sun fara taruwa. Wani ya yi dariya, dariyar kuma ta ƙara tunzura shi.

Sifana ya ga abin ya wuce magana, sai ya juya zai koma motarsa. Gatari ya cafko wuyan rigarsa ta baya, ya jawo shi, ya haɗa fuskarsa da ƙofar motar naman. Hancinsa ya fashe. Kafin ya farfaɗo, mari ya sauka a kunnensa na hagu, duniya ta yi masa shiru sai wata ƙara siririya.

“Za ka tada motar nan ko sai na yanka ka na haɗa da shanun?”

Sifana ya tofar da jini. “Ko ka yanka ni ba zan jona ba. Fashewa zai yi.”

Gatari ya buɗe bayan motar agajin ya watso kaya ƙasa. Ya ɗauki ƙarfen kwance taya. Sifana ya ɗaga hannun dama don ya kare kansa, ƙarfen ya sauka a tsakanin gwiwar hannu da wuyan hannu, kuma duk wanda ke wurin ya ji ƙarar ƙashin. Ya durƙusa a cikin ruwan jinin shanu, ya kasa ko ihu. Gatari ya ƙara masa ƙafa a haƙarƙari, sau biyu. Wani tsohon mahauci ya yi ƙoƙarin riƙe shi, ya ture shi ya faɗa kan baro. Sauran suka tsaya nesa, don kowa ya san wuƙar da ke ƙugunsa ba ta ado ba ce.

Auta ya ruɗe. Ya ga yayansa zai yi kisa a gaban mutane, ya ga kuma abu ɗaya ne kawai zai tsayar da shi: motar ta tashi. Ya sunkuci akwatin tada batir daga cikin kayan da aka watsar, ya ruga wurin inji.

“Yaya, bar shi! Bar shi, ga shi zan tada!”

Sifana ya ɗago kai daga ƙasa. “Kada ka…” Muryarsa ba ta fita ba, haƙarƙarinsa ya hana shi jan numfashi. Ya sake gwadawa. “Kai, kada ka jona!”

Auta ya maƙala jar wayar. Ya sunkuya sosai don ya ga inda zai sa baƙar, fuskarsa dab da batirin. Da ƙarfen ya taɓa, tartsatsi ya tashi.

Ƙarar ta yi kama da ta bindiga. Murfin batirin ya yi sama, gutsattsarin roba suka watsu har kan rufin wata rumfa da ke kusa. Auta ya faɗi ta baya yana riƙe da fuskarsa da hannu biyu, yana birgima, yana wani irin kuka da ba ya kama da na mutum. Ruwan batir ya wanke masa fuska da ƙirji, rigarsa ta fara hujewa.

Ƙarfen ya suɓuce daga hannun Gatari. Ya ruga ya rungumi ƙaninsa, yana kiran sunansa, yana ƙoƙarin goge masa fuska da rigarsa mai jini.

“Kada ka goge!” Sifana ya miƙe da ƙyar, hannunsa na dama na lilo. “Ruwa! Ku kawo mesar can!”

Babu wanda ya motsa. Ya tafi da kansa, yana tangaɗi, ya jawo mesar da ake wanke dandamali da ita da hannun hagu, ya buɗe famfon da gwiwarsa. Ya durƙusa a kan Auta ya ce wa Gatari, “Danne masa hannaye. Danne, na ce! Kai kuma baba, buɗe masa idon da yatsunka, ko yana ihu kada ka saki.”

Gatari ya danne. Tsohon mahaucin ya buɗe idon. Sifana ya rage ƙarfin ruwan ya riƙa kwarara shi daga gefen hanci zuwa waje, ido ɗaya bayan ɗaya. Auta na shure-shure yana roƙon a kashe shi. Jinin hancin Sifana na ɗiga a kan rigar Auta, ruwa na wanke shi. Sun fi minti ashirin a haka kafin motar asibiti ta iso, don wata mai sayar da leda a bakin ƙofa ta kira ta tun lokacin da aka fara dukan. 'Yan sanda suka biyo baya. Da ma'aikacin asibiti ya karɓi mesar, Sifana ya zauna a ƙasa ya suma.

Ya farka a ɗakin ƙashi, an sa masa ƙarfe a hannu, haƙarƙari biyu sun tsage. Matarsa na zaune a gefen gado, idanunta sun kumbura. Babbar 'yarsu ta ce, “Baba, wallahi da ni ce da na bar shi ya makance.”

“Ba shi ya dake ni ba,” in ji Sifana.

“Ai jininsu ɗaya.”

Uwarta ta harare ta.

A kwana na uku wata tsohuwa ta shigo ɗakin tana dogara sanda. Ta tsaya a ƙarshen gadon ta ce ita ce ta haifi Gatari da Auta. Matar Sifana ta miƙe tsaye, amma ya yi mata alama ta ba tsohuwar kujera.

Tsohuwar ta ce, “Ɗana, likita ya ce idon Auta na hagu ya tafi, akwai roba da ta shige shi. Na dama kuma ya ce ruwan da ka zuba ne ya cece shi. Na zo in yi maka godiya.” Ta murza bakin mayafinta. “Na kuma zo in roƙe ka. Babban yana tsare. Shi ne ke ciyar da gidaje uku. Ka ce musu ka yafe.”

Sifana ya daɗe yana kallon hannunsa da ke rataye. Ya ce, “Inna, tsakanina da Allah ba na riƙe da ke, ba na riƙe da Auta. Amma ɗanki ya ɗaga ƙarfe ne don kaina, hannuna ne ya tare. Da yanzu waɗannan yaran marayu ne. Gobe wani abokin aikina za a tura masa. Abin da ya faru zan faɗa wa alƙali, ba zan ƙara ba, ba zan rage ba.”

Tsohuwar ta gyaɗa kai. Ba ta yi gardama ba. Ta ce, “Tun yana ƙarami nake jin tsoron ranar nan.” Matar Sifana ta raka ta har bakin lif.

An yanke wa Gatari shekara biyu. Motar kuwa, a ranar da abin ya faru da yamma janwen kamfanin ya zo ya ja ta zuwa gareji, tunda wannan yana cikin takardar. Naman ya riga ya canja launi, jami'an lafiya suka sa aka binne shi.

Hannun Sifana ya haɗe, amma ƙarfinsa bai dawo ba. Ba ya iya kwance notin taya, yatsu biyu kuma ba sa naɗewa. Kamfanin ya mayar da shi ofis, ya zauna a teburi kusa da matar da ke amsa waya, da abin saurare a kunnen dama don na hagun bai ƙara ji sosai ba. Zaman wuri ɗaya ya dame shi ƙwarai a watannin farko, yakan fita ya tsaya a farfajiya yana kallon motocin agaji suna fita.

Wata rana, bayan kusan wata takwas, mai gadi ya ce wa Sifana yana da baƙo. Auta ne, da baƙin tabarau da tabo daga kunci zuwa wuya, matarsa na riƙe da hannun ɗansu. Ya ce ya daina tuƙi, yanzu yana tsaye a kanti yana awon nama, wani suka ɗauka yana ja musu motar. Suka zauna a benci a inuwa. Auta ya so ya yi doguwar magana, amma ya kasa, sai ya riƙa tambayar hannun, Sifana kuma yana tambayar idon. Yaron ya gaji ya fara jan rigar ubansa. Da za su tafi, Auta ya miƙa hannun dama, sai ya tuna, ya canja ya miƙa na hagu. Sifana ya raka su har bakin titi, ya tsayar musu da tasi, sannan ya koma ciki don wayar teburinsa na ta ƙara.